Idan DCE ya raina kotu, aljihun wa zai biya?

Ka tsayar da duk wani mai sauraron rediyo a Nima ko Aboabo, ka ce ya lissafa maka waɗanda aka taɓa ɗaurewa a Ghana saboda raina kotu. Sunayen da zai kawo ba su da yawa, kuma kusan dukkansu bakinsu ne ya ja musu. A 2013, ana tsakiyar shari'ar zaɓen shugaban ƙasa, Kotun Ƙoli ta ɗaure Ken Kuranchie, editan jaridar Daily Searchlight, kwana 10, ta ɗaure Stephen Atubiga kwana 3. A watan Yulin 2016 sai ga mutum ukun nan na gidan rediyon Montie, wato Salifu Maase da aka fi sani da Mugabe, da Alistair Nelson, da Godwin Ako Gunn. Kowannensu wata huɗu aka yanke masa, har da tara, kafin Shugaba Mahama ya yafe musu ragowar bayan sun yi wata guda a ciki.

Ba kare su zan yi ba. A ƙasar da aka taɓa ɗauke alƙalan Babbar Kotu uku daga gidajensu a daren 30 ga Yuni 1982 aka kashe su, wanda ya hau rediyo yana yi wa alƙalai barazana ya san da abin da yake wasa. Damuwata ita ce abin da waɗannan shari'o'i suka bari a kan jama'a. Yau idan ka ce "raina kotu", abin da mutum ke ji shi ne zagin alƙali. Ɗaya ɓangaren, wanda ya fi shafar mai kiyos da mai kwantena da tsohuwar da ta gaji ɗaki biyu a lungu, an manta da shi. Wannan ɓangaren kuwa shi ne alƙali ya ce "a dakata", mai riƙe da ofis ya ji sarai, ya ci gaba da abinsa.

Duk wanda ya girma a zango ya san yadda abin ke tafiya, ko bai faɗa a kansa ba ya gani a kan maƙwabci. Da safe a tashi a ga jan fenti a bango. A yi karo-karo, a nemo lauya, a shigar da ƙara, alƙali ya ba da umarnin kada kowa ya taɓa wurin sai an gama shari'a. Mutane su koma gida da takarda mai hatimi, su sa ta a leda, su yi barci. Sai ranar Asabar da asuba, ranar da kotu ba ta zama, katafila ta iso da 'yan tas-fos da 'yan sanda. Kafin rana ta yi zafi an gama. Ranar Litinin idan aka je asambili sai a ji wai ba su ga takarda ba, ko wai an kai ta ofishin da ba shi ne ba, ko wai shugaba ya yi tafiya, injiniya ne ya ba da umarni, shi kuma injiniya ya ce daga sama aka ce. Kowa ya tsame hannunsa, ƙasa kuma ta riga ta zama fili.

Me ya sa abin ya fi cizonmu? Domin yawancin unguwanninmu sun girmi takardun da ake tambayarmu yau. Lokacin da Malam Baƙo ya kafa Sabon Zango, da lokacin da Malam Futa ya sauka a Nima, yarjejeniya ce tsakanin baƙo da masu ƙasa, daga nan kuma gado ya yi ta rabuwa ɗaki-ɗaki, jika ya ƙara bene a kan abin da kaka ya gina da laka. Mutumin da ke cikin irin wannan hali, idan rigima ta taso tsakaninsa da hukuma, ba shi da wani babba a sama da zai kira a waya. Kotu ce kaɗai wurin da za a saurare shi a kan teburi ɗaya da asambili. Idan takardar da ya samo daga can ba ta iya tsayar da katafila ba, to me ya rage masa?

Abin takaicin shi ne doka ba ta gaza ba a rubuce. Sashe na 126 na kundin tsarin mulkin 1992 ya ba manyan kotuna ikon ɗaure duk wanda ya raina su. Sashe na 19, wanda ya hana a hukunta mutum a kan laifin da ba a rubuta shi a doka ba, shi da kansa ya cire raina kotu daga wannan kariya. Idan kuwa umarnin Kotun Ƙoli ne a kan abin da ya shafi tsarin mulki, sashe na 2 ya kira ƙin binsa babban laifi, mai ɗaurin da zai iya kaiwa shekara 10 babu zaɓin tara, sannan shekara 10 mutum ba zai riƙe muƙamin gwamnati ba. Ko shugaban ƙasa ne, dalili ne na tsige shi. Babu inda aka ce ban da DCE, ban da MCE, ban da daraktan gudanarwa na asambili.

Akwai ma wani abu da mutanenmu da yawa ba su sani ba, kuma ya kamata su sani. Kotunan ƙasar nan sun daɗe da tsayawa a kan cewa ba sai alƙali ya riga ya ba da umarni ba. Idan ka shigar da buƙatar a dakatar da wani aiki, aka kai wa ɗaya ɓangaren takarda, ya san maganar tana gaban alƙali, sannan ya yi sauri ya rushe abin da ake shari'a a kai domin alƙali ya tarar babu sauran abin yankewa, wannan ma raini ne. Wato gudun da ake yi na "mu gama kafin ranar zama" shi kansa laifi ne.

To ina matsalar take? Tana wurin tabbatarwa. A shari'ar da lauyoyi ke kira Sito, wadda Kotun Ƙoli ta yanke a farkon shekarun 2000, an shimfiɗa abin da mai ƙara zai nuna: cewa akwai umarni, cewa wanda ake tuhuma ya san takamaiman abin da aka ce ya yi ko ya bari, kuma da gangan ya ƙi. Tun da ɗauri na iya biyo baya, hujjar da ake nema irin ta shari'ar laifi ce, wadda ba ta bar shakka ba. Wannan adalci ne, ban ƙi ba. Amma dubi inda ya bar talaka. Asambili ba mutum ba ce, ba a kai ta Nsawam. Dole ka kama sunan mutum, ka nuna shi ɗin nan takarda ta shiga hannunsa, ranar kaza, ƙarfe kaza. Idan mai kai sammaci ya ajiye ta wurin wata sakatariya ba tare da sa hannu ba, ko lauyanka ya rubuta sunan asambili kawai bai ambaci kowa ba, to ka ba su ƙofar fita da hannunka. "Ba mu gani ba" ta isa ta kashe ƙarar.

Ƙara da wannan, dokar ƙananan hukumomi ta 2016 ta ce kafin ka kai asambili ƙara sai ka ba ta sanarwa a rubuce wata guda tukuna. Ita kuwa, a kan ginin da ta ce ya shiga filin jama'a, dokar ta ba ta damar rushewa ba tare da ta jira ba. Kai kana ƙirga kwana 30, ita tana zuba wa katafila mai. Idan kuma umarnin naka daga ƙaramar kotu ya fito, ƙarar raini sai an hau Babbar Kotu, wani sabon kuɗin lauya ke nan, ga mutumin da jarinsa ke ƙarƙashin ɓaraguzai.

A ce ma ka tsallake duk wannan, an sami jami'i da laifi. Yadda aka saba gani, zai zo da lauyan da asambili ta biya, ya sunkuyar da kai, ya ce bai yi nufin raina kotu ba, a ja masa kunne a sallame shi. Idan an ci tara ko an ce a biya diyya, daga asusun asambili za ta fita. Asusun nan kuwa mene ne a cikinsa? Lampon da mai koko ke biya kowace safiya, da kuɗin gida, da kason da tsarin mulki ya ce a ware wa gundumomi, wanda bai gaza kashi 5 cikin 100 na kuɗin shigar ƙasa ba. Kuɗin benci da alli da kwalbati ke nan. Ashe wanda aka rushe wa shago shi ne zai biya kansa diyya, shi da maƙwabtansa, wanda ya yi ɓarnar kuma ya shiga motar ofis ya koma gida. Ina koyar da yara a JHS cewa gwamnati rassa uku ce, kowanne yana taka wa ɗan'uwansa birki. Wata rana wani yaro ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, ɗan sanda na gwamnati ne, katafila ma ta gwamnati ce, to wa zai kama gwamnati?" Amsar da ke cikin littafi ita ce kotu. Na faɗa masa haka, amma na ga idonsa bai gamsu ba, domin daga unguwar da ya fito ya ga abin da ya gani.

Wannan ciwo ba namu ne mu kaɗai ba, kuma akwai ƙasar da kotunanta suka fara neman maganinsa ta hanyar da ta dace mu duba, wato Indiya. Tsarin shari'arsu da namu duk daga hannun Ingila aka gaje su, shi ya sa kwatancin ke da ma'ana. A ranar 20 ga Afrilu 2022, hukumar birni ta arewacin Delhi ta shiga unguwar Jahangirpuri da katafiloli, unguwar talakawa mai Musulmi da yawa, kwanaki kaɗan bayan wani rikici. Da safiyar nan Kotun Ƙolin ƙasar ta ce a dakata. Labari ya fita a talabijin, kowa ya ji, amma aka ci gaba da rusau fiye da awa guda, jami'ai suna cewa takarda ba ta iso hannunsu ba. Sai da wata 'yar siyasa, Brinda Karat, ta zo da kwafin umarnin ta tsaya a gaban katafila. Ka ji fa, uzurin nan dai namu na ranar Litinin, kalma da kalma.

A ranar 13 ga Nuwamba 2024 Kotun Ƙolin Indiya ta fitar da ƙa'idoji ga ƙasar baki ɗaya. A ba mai gida sanarwar kwana 15 a rubuce, a saurare shi, a ɗauki bidiyon rusau ɗin. Ta cire gine-ginen da aka yi a kan titi, da hanyar jirgin ƙasa, da magudanar ruwa, domin kada a ce ta ɗaure wa hukuma hannu. Amma jan layin da ta yi shi ne wannan: jami'in da ya karya ƙa'idojin zai fuskanci tuhumar raina kotu, kuma shi zai sake gina abin da ya rushe da kuɗin aljihunsa, ya biya diyya a kai.

Bayan wata shida sai ga misali a aikace, ko da yake laifin tsoho ne. Wani jami'in ƙasa da haraji a gundumar Guntur ta jihar Andhra Pradesh, an ba shi umarni daga Babbar Kotun jihar a Disamba 2013 cewa kada ya taɓa bukkokin wasu talakawa. A Janairu 2014 ya ɗebo 'yan sanda ya share su. Babbar Kotu ta yanke masa wata biyu a gidan yari. Kafin maganar ta kai ƙarshe har an ƙara masa girma. A watan Mayun 2025 Kotun Ƙoli ta tabbatar da laifinsa, amma ta duba cewa ɗauri zai raba shi da aiki gaba ɗaya, iyalinsa su shiga wahala, sai ta canza hukuncin: a sauke shi mataki guda, ya koma muƙamin da yake kai lokacin da ya yi laifin, ya biya tarar rufi dubu 100. Shekara 11 kafin a kai nan, wannan kam ba abin koyi ba ne, yaran da aka rushe wa bukka sun zama manya. Amma irin hukuncin ya burge ni. Ma'aikacin gwamnati, ni ma shi ne, na san abin da ke hana shi barci. Jan kunne ba ya damunsa, tarar da ofis zai biya ma haka. Amma ka taɓa matakin albashinsa da fanshonsa, gobe duk ofisoshin gundumar sun ji labari, kuma kowane injiniya zai fara tambayar a nuna masa a rubuce kafin ya tayar da katafila.

Mu a nan ba ma buƙatar sabuwar doka kafin a fara. Sashe na 187 na tsarin mulki ya ba Odita-Janar ikon ƙin amincewa da duk kuɗin da aka kashe ba bisa doka ba, ya ɗora shi a wuyan wanda ya jawo asarar. Shekaru da yawa ikon nan yana kwance, sai da ƙungiyar OccupyGhana ta kai ƙara, a watan Yunin 2017 Kotun Ƙoli ta ce dole ne a yi amfani da shi. To diyyar da asambili ta biya saboda shugabanta ya take umarnin alƙali da saninsa, idan ba asarar da rashin ɗa'ar jami'i ta jawo ba ce, mece ce? Ra'ayina shi ne duk sidin da ya fita ta wannan hanya, masu binciken kuɗi su bi shi har gidan wanda ya ba da umarni. Alƙalai kuma, idan sun sami jami'i da laifin raini, su rubuta ƙarara cewa daga aljihunsa za a biya, kada a bar wa akawun asambili ya fassara. Mun taɓa kafa kwamishina guda, Mai shari'a Yaw Apau, a 2012, domin ya binciki basussukan da kotuna suka ɗora wa gwamnati. Mun san yadda kuɗin jama'a ke zurarewa ta wannan rami a sama. A ƙasa ma haka yake zurarewa, sai dai babu kyamara.

Akwai kuma maganar wa DCE ke jin tsoro. Shugaban ƙasa ne ke naɗa shi, kashi biyu cikin uku na 'yan asambilin da suka halarta suka kaɗa ƙuri'a su amince, kuma shugaban ƙasa na iya cire shi duk ranar da ya ga dama. Ƙuri'ar raba-gardamar da aka shirya ranar 17 ga Disamba 2019, wadda aka haɗa da batun a riƙa zaɓen waɗannan shugabanni, an soke ta kafin ranar ta zo. Saboda haka mutumin da ke kan kujerar idonsa na kallon sama. Wannan yana da muni, amma yana da amfani guda: wanda ya naɗa ba zai ce ba shi da iko ba. Ranar da fadar shugaban ƙasa ta sanar cewa duk DCE ko MCE da kotu ta samu da laifin raini ya bar kujera a makon, ko na jam'iyya mai mulki ne, ai duk nata ne, rabin wannan rigima ta mutu. NDC da NPP kowacce ta yi mulki ta yi adawa, kowacce ta yi kukan an raina kotu lokacin da take waje.

Na san abin da mutanen asambili za su ce, kuma ba duka ne ƙarya ba. Za su tuna mana daren 3 ga Yuni 2015, da ambaliya da gobarar gidan mai na kusa da Circle suka ci rai fiye da 150 a Akra. Za su ce mutane na gini a kan hanyar ruwa, idan an zo cirewa su ruga kotu su samo takarda, shari'a ta yi shekara biyar tana jan ƙafa, damina kuma ba ta jiran alƙali. Gaskiya ne akwai masu fakewa da kotu. Amma maganin wannan yana cikin kotun. Asambili na da lauyoyi, tana iya komawa gaban alƙali washegari ta nemi a janye umarnin, ta kawo taswira da hotuna, ta ɗaukaka ƙara idan an ƙi. Kotun Ƙoli ta faɗa a shari'ar Afoda cewa umarni, ko da kana ganin kuskure ne, dole ka bi shi har sai an soke shi. Idan aka bar kowane shugaban gunduma ya zaɓi umarnin da ya yi masa daɗi, to shi ne ya zama kotun ɗaukaka ƙara, kuma babu wanda ya naɗa shi wannan.

Ai lokacin da hukunci ya yi wa hukuma daɗi ba ta mantawa da shi. Mazauna Old Fadama sun kai AMA ƙara a 2002 suna neman a hana tashinsu, Babbar Kotu ta ce ba su da hujja. Wannan hukunci ya zauna a hannun hukuma kamar sanda, kuma a watan Yunin 2015, cikin kwanakin farko na azumi, katafiloli suka shiga wani sashe na unguwar. Wanda ya iya riƙe hukuncin da ya ba shi nasara shekara 13 bai ɓata ba, bai kamata takardar da ta hana shi ta ɓace masa a cikin kwana uku ba.

Mu ma fa sai mun dubi kanmu, 'yan'uwa, domin wannan hali ba a ofis kaɗai yake ba. Rigimar sarautar zango, rigimar limanci, rigimar filin masallaci ko na makaranta, sau nawa kotu ke cewa a dakata da naɗi, sai ɓangare guda ya tara matasa da makaɗa ya naɗa rawani da daddare, ya ce ai an riga an yi? Wanda ya yi haka ranar Juma'a ba shi da bakin kuka idan asambili ta yi masa irinsa ranar Asabar. Ɗaliban fiƙihu sun san wasiƙar da Sayyidina Umar ya aika wa Abu Musal Ash'ari a kan alƙalanci, inda ya ja hankalinsa cewa hukuncin da ba a zartar ba ba ya amfanar mai gaskiya. Mun fi kowa sanin wannan, bai kamata a same mu cikin masu yi wa takardar alƙali dariya ba.

Ga wanda jan fenti ya riga ya hau bangonsa, abin da zan ce kaɗan ne. Ka sa lauyanka ya ambaci mutane da sunansu da muƙaminsu, shugaban asambili da daraktan gudanarwa da injiniyan ayyuka. Ka bi mai kai sammaci da ƙafarka, ka tabbata an sa hannu an buga hatimi da kwanan wata, ka karɓi shaidar isarwa daga rajistarar kotu. A kai kwafi ofishin 'yan sandan yankin, a manna wani a bango, a ɗauki hoto. Idan sun zo duk da haka, kada yara su ɗauki dutse, su ɗauki waya, fuskoki da lambar mota da lokaci. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi ofishin Hukumar Taimakon Shari'a, ko ya kai kuka CHRAJ.

'Yan asambilinmu kuma, waɗanda muka zaɓa a Disamba 2023, akwai aikin da ba ya buƙatar ko sidi ɗaya. A babban zama na gaba wani ya miƙe ya nemi a kawo a rubuce: ƙara nawa ake yi da asambilin nan a kotu, umarni nawa ke kanta a yanzu, wanne aka bi, wanne ba a bi ba, kuma nawa aka biya na tara da diyya da kuɗin lauya a cikin shekara huɗu da suka wuce. Su nemi a saka amsar a cikin rahoton zama, a manna ta a allon sanarwa inda ake manna sunayen waɗanda ba su biya kuɗin gida ba.